Wushirya Ba Cuta Ba Ce

Kwanakin baya na je Bebeji ɗaurin aure, sai 'yar ƙanwata ta zo gaishe ni. Tana murmushi na hangi waya shimfiɗe a haƙoranta, dasashinta kuwa ya kumbura ya yi jawur. Na tambaye ta wane likita ya sa mata. Ta ce, "Kawu, ba likita ba ne, wata mai kwalliya ce ta manna mini a Kano, don wushiryata ta rufe." Na yi shiru. Wushiryar da kakarta ta yi tashe da ita a zamaninsu, ita ce yau jika ke biyan kuɗi a raba ta da ita.

Mai karatu, kada a yi mini gurguwar fahimta. Daidaita haƙora ilimi ne mai tushe. Tun a 1899 likitan nan na Amurka, Edward Angle, ya rarraba ire-iren rashin haɗuwar haƙoran sama da na ƙasa. Hikimar aikin ita ce, waya tana matsa haƙori a hankali, ƙashin muƙamuƙi ya riƙa zaizayewa ta gefe guda yana sake ginuwa ta ɗayan, har haƙorin ya gusa. Yakan ɗauki shekara ɗaya zuwa uku, likita na dubawa lokaci-lokaci. Idan matsin ya wuce kima, saiwa kan lalace, haƙori ya fara girgiɗi. Shin mai kwalliya ta san wannan?

Akwai masu buƙatar aikin da gaske. A nazarin furuci, sautukan s, z da ts duk a hanƙa ake furta su, dab da haƙoran gaba. Yaron da haƙoransa na sama da na ƙasa ba sa haɗuwa yakan sha wuya wajen fitar da su, ga wahalar gatsa abinci, ga tsokanar 'yan aji. Wannan shi ne mara lafiya, kuma shi ya kamata a kai sashen haƙori na Asibitin Koyarwa na Malam Aminu Kano. Sai dai manomin Doguwa ko Ƙiru ko Tudun Wada, da kuɗin mota ma ke yi masa nauyi, ina zai iya zaryar shekara biyu?

Inda gizo ke saƙar shi ne kalmar "gyara". Ba a gyara sai abin da ya ɓaci. Da zarar ɗan kasuwa ya kira rufe wushirya gyara, to ya riga ya gaya wa yarinya cewa a ɓace take, saura ciniki. Kasuwar kuwa babba ce. Kamfanin da ke yin Invisalign, robar nan garai-garai da ake sawa maimakon waya, an kafa shi a 1997, yau kayansa sun karaɗe duniya. SmileDirectClub kuma, wanda ya riƙa aika wa mutane roba har gida ba tare da sun zauna gaban likita ba, ya durƙushe a 2023, ya bar masu jinya a tsakiyar hanya. Idan haka ta faru a Amurka, ina ga shagon kwalliya?

Mu ma ba mu kuɓuta daga laifi ba. Mun san masu zuwa a goge musu haƙora don ƙirƙiro wushiryar da ba a haife su da ita ba, alhali hadisin Ibn Mas'ud da ke cikin Bukhari da Muslim ya yi kakkausan hani a kan haka. Mai buɗewa da mai rufewa duk jirgi ɗaya ya ɗebo su: raina halitta saboda yayi.

Kirana ga iyaye shi ne, duk abin da za a manna a bakin ɗa, a tabbatar hannun likita ne. Hukumomin lafiya na Jihar Kano kuma su sa ido a kan masu wannan sana'a ba da izini ba. 'Yar tawa dai an cire mata wayar a asibiti, kumburin ya saɓe, wushiryarta na nan daram. Allah Ya sa mu gane.