Gargaɗi ga Mutanen Garki: Kada a Ci Zaɓe da Jinin Maƙwabcinku

Jama'ar Garki, daga Area 1 har Area 11, da 'yan kasuwa, da mazauna tsohon ƙauye, a kasa kunne. Kakar siyasa ta kama. Daga yanzu har a gama zaɓen 2027, labaran da ke shigowa wayoyinku da rediyonku za su ninka, kuma da yawa daga cikinsu akwai wanda ya biya kuɗi don su iso gare ku. Duk wanda bai iya tace labari ba, da hannunsa za a cuci maƙwabcinsa, shi kuwa yana ganin addini ko yankinsa yake kārewa.

Mu a nan ba mu da uzurin cewa ba mu san inda ake dafa labari ba. Radio House na Area 10, gidan Rediyon Tarayya da Ma'aikatar Yaɗa Labarai. Hedikwatar NTA na Area 11. A Area 1 kuma ake sauke jaridu da asuba a raba wa dillalai, masu karatun kyauta su yi cirko-cirko a teburin mai jarida suna musu har da kumfar baki a kan kanun labarai, alhali kaɗan ne suka buɗe shafi na biyu.

Ƙarya tsagwaronta mun ga aikinta. A watan Agustan 2014, lokacin Ebola, waya ta yi ta ƙara cikin dare cewa a tashi a yi wanka da ruwan gishiri a kuma sha. Mutane suka yi, wasu suka kwanta asibiti, wasu suka rasu. A watan Yunin 2018, ana cikin kashe-kashe a Filato, aka watsa hotuna masu tayar da hankali a Facebook aka ce na Barikin Ladi ne. Binciken BBC ya gano cewa wani bidiyon daga Kongo Barazabil ya fito, tun 2012. Kafin a gane haka, an tare hanya an fizgo mutum 11 daga motocinsu an kashe. Waɗanda suka tura hotunan nan ba su riƙe adda ba, yatsa ɗaya suka danna.

Amma abin da ya fi ba ni tsoro shi ne labarin da babu ƙarya a cikinsa ko ɗaya, kuma duk da haka ya karkatar da mutum. A kan wannan ne masana suka yi littattafai, kuma abin takaici ne a ce gari cike da masu digiri, amma ba ka jin ana zancensu.

A 1922 ɗan jaridar Amurka Walter Lippmann ya fitar da Public Opinion. Hujjarsa ita ce duniya ta fi ƙarfin idon mutum ɗaya, don haka kowa da hoton da ke cikin kansa yake yanke hukunci, hoton kuwa wasu ne suka zana masa. Ma'aikacin da ke zaune a Area 3 bai taɓa taka Zamfara ko Imo ba, amma ya gama yanke hukunci a kan mutanensu. Wa ya ba shi hoton?

Amsa mafi ƙarfi tana cikin Manufacturing Consent na Edward Herman da Noam Chomsky, 1988. Sun nuna cewa ba sai gwamnati ta aiko da soja ɗakin labarai ba. Mai gidan jarida yana da abin da yake kārewa, mai ba da talla yana da abin da ba ya son ji, ɗan rahoto kuma ya dogara da jami'in da ke ba shi bayani, ba zai so ya ɓata masa rai ba. Kafin labari ya ratsa waɗannan matatai, ya zama abin da manya za su iya haɗiyewa. Babin da ya fi dacewa da mu shi ne wanda suka auna gawa da gawa: limamin coci ɗaya da jami'an gwamnatin gurguzu suka kashe a Poland a 1984 ya samu fili a manyan jaridun Amurka fiye da malaman coci ɗari da aka kashe a Latin Amurka, inda gwamnatocin ƙawayen Amurka ne. Mu ma mun ɗanɗana. A makon farko na Janairun 2015 Boko Haram ta afka wa Baga, soja suka ce mutum 150 suka mutu, wasu suka ce sun kai 2,000. A makon ne aka kashe mutum 17 a Paris. Shugabannin duniya suka yi jerin gwano a Faransa, Baga kuwa sai ɗan lungun shafi.

To ku ɗauki ma'aunin nan ku auna na gida. Jaridar Najeriya da siyasa tare suka tashi, kamar yadda Fred Omu ya bibiya a Press and Politics in Nigeria na 1978. Azikiwe ya kafa West African Pilot a 1937, Awolowo ya kafa Tribune a 1949, gwamnatin Arewa ta fito da New Nigerian a Kaduna a 1966. Ita kanta Gaskiya Ta Fi Kwabo, da muke alfahari da ita da Abubakar Imam, hukumar Turawan mulki ce ta kafa ta a Zariya a 1939, kuma ba don Allah kaɗai ba. Yau ma haka ne. Marigayi Raymond Dokpesi mai AIT ya kasance jigo a PDP. Orji Uzor Kalu ke da The Sun. Marigayi Sam Nda-Isaiah na Leadership ya nemi tikitin APC a 2014. Alaƙar The Nation da TVC da Bola Tinubu ba ɓoyayya ba ce. Wannan bai mayar da ma'aikatansu maƙaryata ba, akwai haziƙai masu amana a cikinsu. Sai dai wanda ya san mai gidan zai san labarin da ba zai taɓa gani a shafin farko ba. Ita ma hukuma tana da sandarta: a Agustan 2022 hukumar kula da gidajen rediyo da talabijin, NBC, ta ci tarar Trust TV naira miliyan 5 saboda shirin da ta yi a kan 'yan bindiga.

Edward Said, a Covering Islam na 1981, ya nuna yadda kafafen Yamma bayan juyin juya halin Iran suka dunƙule Musulmin duniya wuri guda, laifin mutum ɗaya ya zama halin al'umma. Irin wannan na faruwa a ƙasar nan. Idan ɓarawo ɗan wata ƙabila ne, sai a ce an kama ɓarawo. Idan na wata ce, sai ƙabilar ta hau kanun labari tun 'yan sanda ba su ce uffan ba. A yi haka shekara da shekaru, ba sai an ce a kashe kowa ba. A watan Maris na 2025 aka tare mafarauta 'yan Arewa a Uromi ta jihar Edo, aka ce masu garkuwa da mutane ne, aka hallaka 16. Waɗanda suka yi kisan sun daɗe da hoton a kansu.

Kada ɗan Arewa ya karanta wannan ya gyaɗa kai ya ce ai mu ake zalunta. Laifi tudu ne, ka taka naka ka hango na wani. Idan aka kashe Kiristoci a kudancin Kaduna ko Binuwai, shafukan Hausa nawa ne ke ba labarin fili irin wanda suke ba namu? Sojojin baka da ke cika rediyo da dare, ai kowa ya san fili aka saya musu. Kuma a Janairun 2023 BBC ta bankaɗo yadda jam'iyyu ke biyan masu tarin mabiya a soshiyal midiya a asirce don su yaɗa ƙarya a kan abokan hamayya. Tun a 2015 ma an ɗauko kamfanin Cambridge Analytica na Ingila ya yi aiki a zaɓenmu, har aka yaɗa bidiyon tsoratarwa a kan Buhari. Yanzu ga ƙirƙirarriyar basira ta zo, ana iya sa muryar malami ko gwamna ta faɗi abin da bai faɗa ba.

Wanda ke ganin Abuja ta fi ƙarfin wuta, ya tambayi waɗanda ke nan a Nuwamban 2002. Rubutu ɗaya a ThisDay a kan gasar sarauniyar kyau ya taɓa darajar Manzon Allah (SAW), Kaduna ta kama da wuta, sama da mutum 200 suka mutu, ranar Juma'a kuma rikicin ya iso tsakiyar Abuja aka ƙona motoci. A lokacin babu WhatsApp. A Garki kuwa Bagwari da Bahaushe da Ibo da Bayarabe da Tibi bango ɗaya ya raba su.

Saboda haka, malamai masu huɗuba da fastoci, kada labarin waya ya hau mumbari sai an tabbatar. Masu kula da zaurukan WhatsApp na masallaci da ofis da kasuwa, ku goge duk hoton gawa da ba a san ranarsa da garinsa ba, ku ja kunnen wanda ya turo ko da babba ne. Saƙon murya da ya fara da rantsuwa ya ƙare da "a tura wa kowa", a binne shi a nan. Labarin da ya sa jininka ya tafasa, bar shi ya kwana, ka nemi yadda jaridar ɗaya ɓangaren ta kawo shi, ka leƙa shafukan tantance labarai na Dubawa ko Africa Check. Malaman makaranta da ɗaliban aikin jarida, ku nemi littattafan nan ku karanta, ku fassara wa iyayenmu ma'anarsu da Hausa a majalisa da rediyo, tun ba a fara yaƙin neman zaɓe gadan-gadan ba.