Miyar Kiranberi: Mahaɗin Talotalo A Bikin Godiya Na Amurka

A ranar Alhamis ta huɗu ta watan Nuwamba kowace shekara, mutanen Amurka sukan rufe ofisoshi da makarantu, kowa ya kama hanyar gida domin Bikin Godiya. Abincin wannan rana kusan iri ɗaya ne daga gabashin ƙasar zuwa yammacinta: gasasshen talotalo, da dafaffen dankalin Turawa da aka murƙushe, da romo, sa'an nan a gefe a ajiye ɗan kwano na wata miya ja wur, mai tsami da zaƙi. Wannan ita ce miyar kiranberi. Duk cikin abincin babu wanda ya kai ta sauƙin haɗawa, domin kayanta uku ne kacal, kuma minti 10 ya isa a dafa ta. Amma a bayan ɗan kwanon nan akwai ɗaruruwan iyalan manoma, waɗanda a wani zamani cinikinsu na shekara duka ya rataya a kan wannan yini guda.

Ya kamata mai karatu ya sani tun da wuri cewa ba miya ce irin ta tuwo ba. Ba a sa mata mai, ba a sa nama, kuma da sanyinta ake ci. Ta fi kama da jam ɗin da ake shafa wa burodi. Amfaninta shi ne, naman ƙirjin talotalo yakan bushe a wurin gashi, sauran abincin kuwa duk maiƙo ne. Tsamin miyar ke hana maiƙon ginsar mutum, kamar dai yadda ake matsa lemun tsami a kan soyayyen kifi.

MENE NE KIRANBERI?

Kiranberi ɗan itace ne ja, girmansa bai wuce na magarya ba, tsaminsa kuwa ya kai ga mutum ba ya iya cin sa ɗanye sai ya yamutsa fuska. Tsiron yaɗo yake yi a ƙasa, a cikin fadamu masu yashi na wurare masu sanyi, kuma asalinsa Amurka ta Arewa ne. An ce Turawan da suka fara zuwa can sun ga furensa ya yi kama da kai da bakin tsuntsun nan gauraka, shi ya sa suka ba shi suna daga sunan tsuntsun a harshensu.

Tun kafin zuwan Turawa 'yan asalin ƙasar sun san shi. Suna cin sa, suna rini da shi, suna magani da shi, wasu kuma sukan daka shi da busasshen nama da kitse su yi guzurin da ke daɗewa bai lalace ba. Daga baya matuƙan jiragen ruwa na Amurka suka riƙa tafiya da shi cikin ganguna, domin yana da bitamin C, mai kare su daga ciwon nan da ke sa dasashi zubar da jini idan mutum ya daɗe bai ci ɗanyen abu ba.

A wajejen shekarar 1816 ne wani tsohon soja mai suna Kyaftin Henry Hall, a garin Dennis na jihar Masacusets, ya lura cewa tsiron da iska ta watsa wa yashi ya fi sauran yin 'ya'ya. Sai ya shiga zuba yashin da hannunsa, daga nan noman kiranberi ya samo asali. Har yanzu manoma suna zuba yashin bayan 'yan shekaru. A yau jihar Wiskonsin ce ke noma fiye da rabin abin da Amurka ke samu, Masacusets na biye da ita, sa'an nan Oregon da Niyu Jasi da Washinton. Ƙasar Kanada ma tana noma shi da yawa.

Girbinsa abin kallo ne. A cikin kowane ɗa akwai 'yan ramuka huɗu masu iska, saboda haka ba ya nitsewa. Idan kaka ta yi, watau daga tsakiyar Satumba zuwa farkon Nuwamba, sai a cika gonar da ruwa, a shiga da inji a kakkaɓe 'ya'yan, su taso sama su rufe ruwan ja wur, a tattara su a kwashe. Waɗanda za a sayar ɗanyu kuwa a bushe ake tsinke su, domin wanda ya sha ruwa ba ya ajiyuwa.

YADDA TA HAU TEBUR

Amurkawa suna danganta bikinsu da wata walima da aka yi a shekarar 1621 a Filimos, inda baƙin da suka zo daga Ingila suka yi kwana uku suna cin abinci tare da mutanen ƙabilar Wampanoag bayan girbinsu na farko. Labarin da aka rubuta a lokacin ya ambaci tsuntsaye da barewa biyar, amma bai ambaci wannan miya ba. Dalili kuwa a fili yake, domin sukari abu ne mai tsada da wuya a zamanin, kuma in babu shi babu miyar.

A shekarar 1796 wata mata mai suna Amelia Simmons ta fitar da littafin girki na farko da wani Ba'amurke ya rubuta, a ciki kuwa ta ce a ci gasasshen talotalo da miyar kiranberi. A 1863, ana tsakiyar yaƙin basasa, Shugaba Abraham Lincoln ya mayar da bikin na ƙasa baki ɗaya, a 1941 kuma majalisar dokoki ta tsayar da shi a Alhamis ta huɗu ta Nuwamba. Da yake lokacin ya zo daidai da ƙarshen girbi, sai miyar ta samu wurin zama.

GWANGWANI YA SHIGO

Matsalar manoma ita ce kasuwarsu ba ta wuce 'yan makonni. Wani lauya mai suna Marcus Urann, wanda ya bar aikin lauya ya kama noma, shi ne ya fara dafa miyar yana zubawa a gwangwani a 1912, don a riƙa sayen ta a kowane lokaci. A 1930 ya haɗa kai da wasu manoma biyu, John Makepeace da Elizabeth Lee, suka kafa ƙungiyar gama-kai wadda ake kira Ocean Spray. Zuwa 1941 daskararriyar miyar gwangwani ta bazu ko'ina a ƙasar.

Wannan ya haifar da wata gardama da har gobe ba ta ƙare ba a gidajen Amurka. Wasu sun ce in ba su ga miyar ta sulluɓo daga gwangwani da zanen gwangwanin a jikinta ba, an yanyanka ta kamar sabulu, to, bikin bai cika ba, domin da ita suka tashi. Wasu kuwa sun ce abin kunya ne a yi yini ana gasa talotalo sa'an nan a kasa ba miya minti 10. Hausawa dai sun ce kowane tsuntsu kukan gidansu yake yi. Gidaje da yawa sukan ajiye duka biyun don a zauna lafiya.

TASHIN HANKALIN 1959

Duk da gwangwani, yawancin cinikin bai daina taruwa a ƙarshen shekara ba, kuma a 1959 manoma suka ga haɗarin haka. Ranar 9 ga Nuwamba, saura kwana 17 biki, sakataren kiwon lafiya na Amurka, Arthur Flemming, ya ba da sanarwa cewa an samu ɓurɓushin wani maganin kashe ciyawa a jikin wasu 'ya'yan kiranberi daga Oregon da Washinton, maganin kuwa an gano yana jawo wa ɓeraye ciwon daji. Ya shawarci matan gida da kada su saya in ba su tabbatar da inda kayan suka fito ba.

Kafin ka ce kwabo kasuwa ta mutu. Kantuna suka kwashe gwangwanaye daga kanta, wasu birane suka hana sayarwa. Richard Nixon da John Kennedy, waɗanda ke shirin neman shugabancin ƙasa, kowannensu ya ci ko ya sha kiranberi a bainar jama'a a Wiskonsin don kwantar da hankali, amma a fadar shugaban ƙasa miyar tufa aka ci a bikin shekarar. Da aka gwada kayan, kaɗan ne ƙwarai aka samu da laifi, sai dai aikin gama ya gama. Manoman da ba su san hawa ba ba su san sauka ba sun yi hasarar shekara, har sai da gwamnati ta biya diyyar miliyoyin daloli.

In kiɗa ya sake, rawa ma sai ta sake. Tun daga lokacin manoman suka mai da hankali ga ruwan kiranberi na kwalba, daga baya kuma ga busasshensa, abubuwan da ake saye rani da damina. A yau mafi yawan amfanin gonar can yake tafiya, kaɗan ne ake sayarwa ɗanye domin masu dafa miya a gida.

YADDA AKE HAƊA TA

A Amurka ana sayar da ɗanyen ne a leda mai nauyin giram 340. Leda ɗaya tana bukatar sukari kofi ɗaya, watau kamar giram 200, da ruwa kofi ɗaya. A wanke 'ya'yan, a tsince waɗanda suka yi laushi ko suka yanƙwane. Mai kyau yana da tauri, in aka sake shi a ƙasa sai ya yi tsalle kamar ƙwallo.

A ɗora ruwa da sukari a wuta har sukarin ya narke ya tafasa. Kada a yi amfani da tukunyar alminiyam, domin tsami yana cin ta, ya ɓata launi da ɗanɗano, gara ta ƙarfen da ba ya tsatsa. A zuba 'ya'yan, in ya sake tafasa a rage wuta, a riƙa juyawa jefi-jefi. Ba da jimawa ba za a ji suna fashewa ɗaya bayan ɗaya. In kusan duka sun fashe, watau bayan kamar minti 10, a sauke. Mai son ƙamshi yana iya kankara ɓawon lemun zaƙi a ciki, ko ya jefa sandar kirfa ko ɗan citta, wasu ma ruwan lemun suke sawa a maimakon ruwa.

A nan ne masu koyo suke yin kuskure biyu. Na farko, idan suka ga miyar ruwa-ruwa a kan wuta sai su yi ta dafawa, ko su ƙara mata gari. Ba ta bukatar haka. A cikin ɗan itacen akwai wani sinadari mai danƙo da ake kira fektin, wanda ke fitowa idan ya fashe, amma ba ya kama jiki sai miyar ta huce. Na biyu shi ne rage sukari da yawa. Sukarin yana kashe kaifin tsami, kuma shi ke taimaka wa fektin ya daskare, saboda haka wanda ya zaftare shi sosai yakan ƙare da tsinkakkiyar miya mai tsami. Wanda ke son ta sumul irin ta gwangwani sai ya tace ta da zafinta a rariya, ya zuba a kwano. Ana iya dafa ta kwana biyu ko uku kafin biki, domin takan yi mako guda a firji, kwana ma yana ƙara mata daɗi.

GA ZOƁO A GIDA

Kiranberi ba ya fitowa a ƙasa mai zafi, kuma da wuya a same shi ɗanye a kasuwanninmu. To, amma mutanen jihar Filorida, wadda ita ma zafi gare ta, sun daɗe da samun mafita: suna shuka zoɓo, har suna kiran sa kiranberin Filorida, suna yin irin wannan miya da shi. Launinsu ɗaya, tsaminsu ya yi kusa, zoɓo ma yana da fektin.

Saboda haka uwargidan da ke son gwadawa sai ta nemi ɗanyen zoɓo lokacin kaka, ta cire ƙwallon tsakiya, ta wanke yashi sarai, ta yayyanka, ta dafa da sukari da ɗan ruwa har ya yi laushi ya fara kauri. In busasshe ne sai ta jiƙa shi tukuna, ta kuma ƙara masa lokaci a wuta. Ta ɗanɗana kafin ta sauke, domin wani zoɓon ya fi wani tsami. In ta huce, sai a kawo ta gefen gasasshiyar kaza, ko zabo, ko naman rago.