Jangare: Birnin da ba ya cikin taswira, da dajin da ya sauya wa mutanen Ƙanƙara hanya

Duk wanda ya buɗe taswirar wayarsa ya nemi Jangare, birnin iskoki, ba zai same shi ba. Amma an daɗe ana ambaton sunansa a ƙasar Hausa, a bakin masu garaya da 'yan bori, a matsayin gari mai sarki da fada da unguwanni.

Abin da ya bambanta shi da sauran garuruwa shi ne ba a taɓa haɗuwa a kan inda yake ba.

Gari ɗaya, wurare da yawa

A 1914 wani Bature, A.J.N. Tremearne, ya wallafa littafi kan bori bayan ya zauna da Hausawan Tunis da Tarabulus. Sun nuna masa cewa birnin yana can cikin hamada, wajen Azbin.

Shekaru da dama bayan haka, Fremont Besmer, wanda ya yi bincike a Kano ya kuma fitar da nasa littafin a 1983, ya tarar da wani bayanin daban. Wasu na kai birnin kusa da Argungu, wasu kuma na ajiye shi a kudancin Kano.

Wato kowa na ajiye Jangare a bakin iyakar abin da ya sani. Ga bafatake yana cikin rairayi, ga manomi kuma yana bayan gonar ƙarshe, inda daji ya fara.

Duk da haka birnin ba kara-zube yake ba. Ana lissafa masa gidaje 12, Sarkin Aljan Sulaimanu na bisa gadon sarauta. Akwai Malam Alhaji mai littattafai, da Ɗan Galadima ɗan sarki mai ɓarnar dukiya, da Sarkin Rafi, da Inna Bafillatana, da Kuturu.

Mai lura zai ga masarautar Hausa ce aka ɗauka aka kai wata duniya. Har baƙi tana karɓa: bayan zuwan Turawa, a shekarun 1920, iskokin Babule masu kamannin sojoji da gwamnonin mulkin mallaka sun ɓulla a Nijar.

Malamai sun daɗe suna yaƙar bori, tun kafin jihadin 1804, kuma yau ya ja baya ƙwarai. Sai dai tunanin ƙasar da ba ta da tsayayyen wuri ya zauna a adabi. A Ruwan Bagaja na Abubakar Imam da Ganɗoki na Bello Kagara, da suka fito daga gasar rubutu ta 1933, jarumi kan bar garuruwan da aka sani ya tsinci kansa a duniyar aljanu.

Da labari ya zama gaske

A Ƙanƙara da Faskari da Sabuwa, ba sai an je littafi ba kafin a ji labarin wurin da ake shiga a ɓace. Ƙananan hukumomin uku na kan bakin dazuzzukan da suka haɗa Katsina da Zamfara da Kaduna, daga Dajin Rugu zuwa na Birnin Gwari.

A daren 11 ga Disamban 2020, 'yan bindiga suka shiga Makarantar Sakandaren Kimiyya ta Gwamnati da ke Ƙanƙara, suka kora ɗalibai cikin daji. Kusan mako guda iyaye na taruwa a makarantar ba su san takamaiman inda 'ya'yansu suke ba. A ranar 17 ga watan aka sako su ta ɓangaren Zamfara, gwamnati ta ce su 344 ne.

Daga nan taswirar yankin ta ci gaba da sauyawa. A ƙarshen Agustan 2021 gwamnatin Aminu Bello Masari ta hana motocin haya bin hanyar Ƙanƙara zuwa Sheme, ta ce su zagaya ta Funtuwa. A watan Satumba aka katse layukan waya a ƙananan hukumomi 13, ciki har da waɗannan uku.

Tsawon watanni, mai son gaida mahaifiyarsa a ƙauye sai dai ya aika saƙon baka ta hannun direba.

Shi ya sa matafiyi a yankin ba ya dogara da layin da wayarsa ta zana masa. Sai ya tambaya a tasha, domin hanyar da ta biyu da safe tana iya gagara bayan la'asar. Akwai ƙauyukan da sunansu na nan a rajistar zaɓe, alhali mutanensu na zaman gudun hijira a cikin gari. Akwai gonakin da ba a shiga sai an biya harajin da ba gwamnati ta ɗora ba.

Bambancin da ke tsakani

Jangare ya kasance hanyar da mutanen da suke bi su fassara abin da ya fi ƙarfinsu, kamar ciwo da fari da mulki. Bai taɓa ƙona rumbun kowa ba.

Dajin yau kuwa mutane ne a cikinsa, masu babura da bindigogi da sunaye sanannu, kuma yana da iyakoki da ake iya aunawa. Haɗarin shi ne a saba da maganarsa kamar wata ƙasar aljanu da ba a iya taɓawa, har a manta cewa ƙasar Najeriya ce, mai dagatai da masu unguwanni da rumfunan zaɓe.

Manomin Sabuwa ba ya neman a gano masa inda Jangare yake. Abin da yake so shi ne gonar da ya shuka da damina ta kasance tasa har kaka.