Tasha Mai Ma'aikaci da Tashar da Ba Kowa

A Japan, kusan rabin tashoshin jirgin ƙasa ba su da ma'aikaci ko ɗaya. Alƙaluman ma'aikatar sufuri na watan Maris 2020 sun nuna tashoshi 4,564 cikin 9,465 haka suke. Da yawansu ƙanana ne, a layukan kamfanoni masu zaman kansu da ke kwasar ma'aikata da ɗalibai zuwa birni da safe, su mayar da su gida da yamma.

Layin Kishigawa, mai tsawon kilomita 14.3 daga birnin Wakayama zuwa Kishi, ya isa misali. Kamfanin Nankai ya so rufe shi saboda asara, mutanen yankin suka tashi tsaye suka ƙi. A watan Afrilun 2006 kamfanin Wakayama Electric Railway ya karɓe shi, ya tsuke bakin aljihu, ya janye ma'aikata daga ƙananan tashoshi, har da Kishi. A 2007 aka naɗa kyanwa mai suna Tama shugabar tashar, masu yawon buɗe ido suka yi ta tururuwa.

Tashar da ba ma'aikaci abu kaɗan ta mallaka: dandamali, 'yar rumfa, benci, allon lokutan jirgi, da madubi a bakin dandamali wanda direba ke duba fasinjoji ta ciki kafin ya rufe ƙofa. A irin waɗannan layuka fasinja kan zari 'yar takarda mai lamba idan ya hau, ya zuba kuɗinsa a akwatin da ke kusa da direba idan zai sauka. Amana ce ke tafiyar da irin wannan tasha, kuma arharta ce ta hana ciyawa cinye layin.

Tasha mai ma'aikaci, irin Idakiso inda hedikwatar kamfanin take, tana cin albashi kullum. Amma akwai wanda zai shimfiɗa wa mai keken guragu allon hawa, ya kama hannun makaho, ya gaya wa tsohuwa cewa guguwa ta tsayar da jirgi. Inda babu shi, naƙasasshe sau da yawa sai ya yi waya tun kafin ya fito. Wannan ne ya sa masu keken guragu a Oita suka maka kamfanin JR Kyushu a kotu a 2020.

A ganina, tashar da ba ma'aikaci ta fi layin da aka rufe nesa ba kusa ba. Da babu gara ba daɗi. Sai dai bai dace raunana su biya kuɗin wannan tsimi da 'yancinsu na tafiya ba. Duk kamfanin da ya janye ma'aikaci, wajibi ne ya sa na'urar kira da ake amsawa nan take, ya horar da direbobi su taimaki mai keke, ya kuma ware ma'aikata masu zagayawa tasha-tasha. Da haka ne kawai arha za ta zama adalci ga kowane fasinja.