Adana Faifan Wasannin PlayStation da Sake Kunna Su

Kamfanin Sony ya fitar da na'urar wasa ta PlayStation a ƙasar Japan ranar 3 ga Disamba, 1994, kafin ya daina ƙera ta a 2006 kuwa an sayar da fiye da miliyan 100. Wasanninta a kan faifan CD suke, kuma faifan nan ba mai dawwama ba ne. Roba ce mai kaurin milimita 1.2, an shimfiɗa mata siririn alminiyom, an rufe da fenti. Idan fentin ya karce, iska da laima suka shiga, alminiyom ɗin ya kan ci, bayanin da ke wurin ya tafi ke nan. Abin da mutane da yawa ba su lura da shi ba shi ne, karce a gefen da aka yi rubutu ya fi na ƙasa haɗari, don nan ne bayanin ya fi kusa da waje.

Sabili da haka ne masu adana waɗannan wasanni suke ɗaukar abin da ake kira hoton faifai, wato kwafin da ya kwashe faifan tun daga farko har ƙarshe, ya zuba shi cikin fayil a kwamfuta. A nan ne aikin ya kan lalace a hannun mai gaggawa. Kowane gurbi na CD yana da bayit 2,352, amma bayit 2,048 kurum kwamfuta ta saba nunawa, sauran na lambar gurbin ne da gyaran kuskure. Fayil irin na ISO waɗannan 2,048 yake ɗauka, kuma ba ya ɗaukar kiɗan da aka ajiye a layi dabam. Alal misali wasan tseren mota na Ridge Racer, na 1994, kiɗansa yana kan irin waɗannan layuka, har mai rediyon CD yana iya sauraronsa. Wanda ya kwafe shi a ISO zai sami mota tana gudu ba kiɗa. Don haka aka fi amincewa da fayil biyu: BIN, mai ɗauke da gurabun cikakku, da CUE, wanda ke faɗin inda kowane layi ya fara.

Har ila yau akwai abin da BIN ɗin ma ba ya kamawa. Wasu wasannin da aka sayar a Turai tun daga 1998 suna da kariyar da ake kira LibCrypt, wadda aka ɓoye cikin wani ɗan siririn tsagi na bayani da ke tafiya a gefen gurabun. In kwafi ya rasa shi, wasan zai fara lafiya, sai can a tsakiya ya cije. Dole a adana wannan tsagi a wani ƙaramin fayil na dabam.

To, yaya za a san kwafi ya inganta? Malaman da suka kwafi littattafai da hannu suna yin muƙabala, su jera sabon kwafi da na asali. Ƙungiyar sa kai ta Redump ita ma haka take yi, sai dai da lissafi. Ana fitar wa kowane fayil lambar tantancewa, irin su MD5 da SHA-1, wadda ke canjawa ɗungum in bayit ɗaya ya sauya. Mutum biyu da ba su san juna ba, in suka kwafi faifai iri ɗaya lambobinsu suka dace, an tabbatar ke nan.

Kunnawa kuma hanya biyu gare ta. Ko dai manhajar da ke kwaikwayon na'urar a kwamfuta, kamar DuckStation da Mednafen, waɗanda ke neman kwafin ƙaramar manhajar da Sony ya dasa cikin na'urar, ko kuwa a sa wa tsohuwar na'urar wani allo irin XStation a madadin mai karanta faifai, ta riƙa karanta hotunan daga katin ajiya.

Shari'a ce ta fi wuyar sha'ani. A 2000 wata kotun ɗaukaka ƙara a Amurka ta ba kamfanin Connectix gaskiya a kan Sony game da yadda ya ƙera manhajar kwaikwayo, amma hukuncin bai halatta rarraba wasannin ba, haƙƙin mallakarsu yana hannun masu su. Binciken da gidauniyar tarihin wasannin bidiyo ta Amurka ta fitar a 2023 ya nuna kashi 87 cikin 100 na wasannin da suka fito a ƙasar kafin 2010 ba a sayar da su a lokacin. Duk da haka, a Oktoba 2024 ofishin haƙƙin mallaka na Amurka ya ƙi yarda ɗakunan karatu su bar masu bincike su kunna wasannin da suka adana daga nesa, sai dai mai bincike ya taka da ƙafarsa zuwa inda aka ajiye su.