HUBBLE DA WEBB: WANE YA FI WANI HANGEN NESA?

Duk wanda ya taso a Arewa ya san yadda hazo kan dushe taurari lokacin hunturu. A nan Ikko kuwa, gajimare da hasken lantarki ne ke ɓoye su. To, wannan ita ce wahalar da ta sa masana suka ɗauki madubin hangen nesa suka kai shi can sama, inda babu iska balle ƙura.

Na farko da za mu duba shi ne Hubble, wanda Amurka da ƙasashen Turai suka harba a 1990. Faɗin madubinsa mita 2.4 ne, yana kuma zagaya duniya a nisan kimanin kilomita 500, wato bai kai tafiyar Ikko zuwa Kano ba. Da aka fara aiki da shi sai aka tarar madubin yana da aibi, hotuna suna fitowa dishi-dishi. Kusancin nan ne ya cece shi, domin 'yan sama-jannati sun je sun gyara shi a 1993. Sau biyar ana kai masa gyara, na ƙarshe a 2009.

Shi kuwa James Webb, an harba shi ran 25 ga Disamba, 1921 da shekara ɗari, wato 2021. Madubinsa mita 6.5 ne, haɗin gutsure 18 masu shafen zinariya. Yana can nisan kilomita miliyan 1.5, kusan ninki huɗu na nisan wata. An ɗora masa laima mai hawa biyar don ta tare zafin rana.

Bambancin aikinsu shi ne, Hubble ya fi ƙarfi wajen hasken da idon mutum ke gani. Webb kuwa hasken zafi yake kamawa, wanda ido ba ya gani. Wannan haske yana ratsa ƙurar sararin samaniya, shi ya sa Webb ke hango tarin taurarin da haskensu ya yi tafiyar shekara fiye da biliyan 13 kafin ya iso.

To, wane ya fi? Wajen hangen nesa Webb ne gaba. Amma an kashe masa dala kusan biliyan 10, kuma in ya lalace ba a shirya yadda wani zai je ya gyara shi ba. Hubble kuwa tsufa ya kama shi, amma har yanzu yana gano abin da Webb ba ya iya gani. Saboda haka masana ke aiki da su tare.