Sawakin, Mashigar Alhazan Ƙasa

Mai nazarin Hausawan Sudan ba ya tsallake Sawakin, ƙaramin gari a gaɓar Bahar Maliya, kudu da Fot Sudan. Tsohon garin kan tsibiri yake, gidajensa na dutsen murjani ne. Turkawa suka mallake shi a ƙarni na 16.

Alhazan ƙasar Hausa, har na Haɗeja, sukan bi ta Barno da Wadai da Darfur a ƙasa, su hau jirgin Jidda a nan. Wanda guzurinsa ya ƙare sai ya tsaya neman kuɗin jirgi. Da yawa ba su komo ba, jikokinsu na can da Hausarsu.

Sai dai mashigin ya yi wa manyan jirage ƙunci. Da aka buɗe tashar Fot Sudan a 1909, ciniki ya ƙaura can, gidajen murjani suka riƙa zubewa.